Wa Zai Ba Jikokinmu Labarin Doma?



Waɗanda suka halarci taron wata sun san an kawo shawarar ƙungiya ta fara zama da dattawanmu, maza da mata, tana ɗaukar labaransu a murya da hoto. An tashi ba a yanke hukunci ba. Wasu sun ce kuɗin marayu da marasa lafiya ya fi cancanta da kulawarmu. Wasu sun ce wannan tone-tone ne, kuma garin da ake zaman cuɗanya irin namu ba ya son tone-tone. Wani dattijo kuma ya yi tambayar da ta fi duka nauyi, ya ce in an ɗauka, wa zai kalla? Mu da muke riƙe da littafin ƙungiya muna goyon bayan shawarar. Mun ga ya dace mu shimfiɗa dalilanmu a nan, domin 'yan'uwanmu da ke Abuja da Kano da Legas da ƙasashen waje su ma su tofa albarkacin bakinsu kafin zama na gaba.

Dalili na farko yana cikin littafin da muke riƙe da shi. Babu shafin da ke saurin cika kamar na ta'aziyya. Duk wanda ya rasu, abin da muke rubutawa shi ne sunansa, unguwarsu, ranar rasuwa, da abin da ƙungiya ta kai gidan makoki. Layi ɗaya ke nan. Abin da ya gani da idonsa cikin shekara 70 ko 80 kuwa, da shi ake binne shi.

Ku ɗauki mutumin da aka haifa a Doma a 1950. Ko da bai taɓa ƙaura daga unguwarsu ba, an haife shi a Lardin Binuwai na Jihar Arewa, ya yi samartaka a Jihar Binuwai da Filato da aka ƙirƙira a 1967, ya yi renon 'ya'ya a Jihar Filato daga 1976, ya ga jikoki a Jihar Nasarawa da Janar Sani Abacha ya sanar ranar 1 ga Oktoba, 1996. Ya ga ana biyan haraji da fam da sule a zamanin En'e, ya karɓi naira da kwabo a farkon 1973. Yana nan motoci suka koma bin hannun dama a Afrilun 1972. Ya san samarin da suka shiga soja a yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970, ya san waɗanda suka dawo da waɗanda har yau ba labarinsu. Ya bi layin sabulu da madara a 1984, ya sha wahalar canjin kuɗin wannan shekarar, ya ga yadda tsarin tsuke bakin aljihu na 1986 ya narkar da albashi da jarin 'yan kasuwa. Shekarun nan duka suna cikin littattafai. Yadda suka sauka a kan tukunyar gidan mutumin Doma ne ba a rubuta ba. Mu da muke cikin shekarunmu na arba'in mun tsinci ƙarshen labarin a bakin iyaye. 'Ya'yanmu kuwa sun tashi a lokacin da aka cire darasin tarihi daga manhajar firamare da ƙaramar sakandare, aka shafe fiye da shekara goma kafin a fara maganar mayar da shi.

To amma wane irin ɗauka muke nufi? Mun san iri biyu a ƙasar nan. Akwai na biki, inda mai kyamara ke bin amarya da masu liƙi, kiɗa ya danne muryar kowa. Akwai kuma na hukuma, wanda iyayenmu suka sani da majigi. Tun zamanin Turawa mota ke zuwa gari da injin wuta da farin ƙyalle, a kafa a fili bayan magariba, a nuna fim kan tsafta ko noman zamani ko biyan haraji, tafinta yana bayani da lasifika. Bayan samun 'yancin kai gwamnatin Arewa ta ci gaba da shi, ana nuna rangadin manya da buɗe ayyuka. Majigi ya yi amfani a zamaninsa. Sai dai talaka a cikinsa ɗalibi ne da ake koya wa abu, ba a taɓa juyo da lasifikar an ce masa kai fa, me ka gani ba.

Akwai iri na uku, kuma ba sai mun je Turai nemansa ba. Wani Bahaushe ɗan garin Galmi a jihar Tawa ta Jamhuriyar Nijar, Sani Elhaji Magori, wanda asalin karatunsa aikin gona ne, ya fito da fim a 2010 mai suna Kukan Kurciya. Babu 'yan wasa a ciki, mutanen gaske ne da rayuwarsu ta gaske. A garinsu akwai wata zabiya da fim ɗin ya kira Hussey, wadda a shekarun 1970 waƙoƙinta suka riƙa zuga samari su tafi ci-rani ƙasashen bakin teku su nemo abin kansu. Da yawa sun tafi ba su dawo ba. Mahaifin Sani ma yana cikin waɗanda suka daɗe a Abijan ta ƙasar Kwaddibuwa. Sai ɗan ya je wurin tsohuwar ya roƙe ta su kama hanya tare har Abijan, ta yi wa mahaifinsa da ire-irensa wata waƙar, wadda za ta kira su gida. Tafiyar nan ita ce fim ɗin. Kafin shi, a 2008, ya yi wani a kan albasar Galmi, inda ya bi wani manomi da auren 'yarsa ya rataya a kan yadda albasa za ta yi kyau da kuma farashinta a kasuwa.

Abu biyu muka ɗauka daga aikin wannan bawan Allah. Bai zaunar da tsohuwar a kan kujera ya ce ba mu tarihin ci-rani ba. Ya sa ta a hanya, ya haɗa ta ido da ido da mutanen da muryarta ta raba da gida. Na biyu, shi ɗan gida ne, maganar mahaifinsa ake yi, yana da abin da zai rasa in tafiyar ba ta yi kyau ba. Shi ya sa duk wanda yake da ɗan'uwa a kudu ko a Makka ko a Libiya da ya daina aiko da saƙo, in ya ji labarin fim ɗin sai jikinsa ya yi sanyi. Kowa ya bar gida, gida ya bar shi, haka muke cewa. Sani ya ƙi yarda karin maganar ta zama ƙarshen zance a kan mahaifinsa.

Nijar ta daɗe a wannan fage. A ƙarshen shekarun 1950 wani Bafaranshe, Jean Rouch, ya ɗauki hotunan 'yan ci-ranin Nijar da ke aikin ƙarfi a unguwar Treichville ta Abijan. Kyamararsa ba ta ɗaukar murya tare da hoto. Da ya gama, sai ya kunna musu hotunan ya ce su yi magana a kai yadda ransu ya so. Babban mai maganar shi ne Umaru Ganda, ɗan Yamai, wanda ya yi wa Faransa yaƙi a Indocina ya dawo ba shi da komai. Abin da ya fito daga bakinsa yana kallon kansa a allo, na fushi da mafarki da ba'a, ya sa fim ɗin na 1958 ya shiga tarihin sinima ta duniya. Bayan shekara goma Ganda ya ɗauki kyamara da hannunsa ya yi Kabaskabo, labarin tsohon soja da ya dawo gida abokai suka cinye kuɗin sallamarsa suka watse. A 1972 shi ne ya fara lashe babbar kyautar bikin fina-finan Afirka na Wagadugu. Shi kuwa Rouch a ƙasar Hausa ajalinsa ya same shi, a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a Fabrairun 2004. A zamaninmu ma ga Aisha Macky 'yar Damagaram, wadda fim ɗinta na 2016 a kan matan da ba su samu haihuwa ba, ita ma tana cikinsu, ya ci kyautar fina-finan Afirka da ake bayarwa a nan Najeriya. Dabarar Rouch da Ganda ba ta fi ƙarfinmu ba. A miƙa wa tsohuwa hoton aurenta, a kunna na'ura, a yi shiru.

Wata ƙasar da ta sha fama da tambayar da ke gabanmu ita ce Romaniya a gabashin Turai. Nikolai Chaushesku ya mulke ta a tsarin gurguzu daga 1965 zuwa 1989. A shekarunsa na ƙarshe ya dage sai ya biya bashin ƙasashen waje kaf, aka koma rabon burodi da mai da sukari da ƙa'ida, ana ɗauke wuta, talabijin ta koma awa biyu a rana, yawanci yabon shugaba. Ya rushe wani babban yanki na tsohon birnin Bukarest ya gina fada. 'Yan sandan ciki sun cika ko'ina, har mutum ba ya sakin baki gaban maƙwabcinsa. Bore ya tashi a garin Timishwara a tsakiyar Disamban 1989. Ranar 21 ga wata yana jawabi daga barandar hedikwatar jam'iyya, ana nunawa kai tsaye, taron ya fara yi masa ihu, aka katse shirin. Washegari ya gudu a jirgi mai saukar ungulu. Ranar 25 ga wata aka harbe shi da matarsa bayan gajeriyar shari'a. Fiye da mutum 1,000 suka mutu a kwanakin.

Da gari ya waye, mutanen ƙasar suka tarar hotunan shekara 24 na rayuwarsu kusan duk na majigin gwamnati ne. Me za a yi da tarihin da maƙaryaci ya ɗauka? Wani ɗan ƙasar, Andrei Ujika, ya ba da amsa iri biyu. A 1992, shi da Harun Farocki na Jamus suka tattara kimanin awa 125 na hotunan kwanakin boren, na gidan talabijin da na mutanen gari da suka ɗauka ta taga da kan titi, suka jera su bisa sa'o'in da abin ya faru. Inda kyamarar hukuma ta kau da kai, sai ta wani talaka ta nuna abin da ake ɓoyewa. A 2010 kuma ya zauna da hotunan gwamnati sama da awa 1,000, ya tace su zuwa fim na awa uku a kan rayuwar Chaushesku, bai sa muryar mai sharhi ko ɗaya ba. Ga shugaba yana duba shaguna cike da abinci, ga dubban mutane suna tafi. Wanda ya bi layin burodi a shekarun ba ya bukatar a gaya masa komai. Hoton da aka ɗauka don yabo ya koma shaida a kan mai shi.

Wani kuma, Radu Jude, ya yi fim a 2017 da hotunan wani mai hoto na ƙaramin garin Sulobziya, irin masu shagon hoton da muka sani, waɗanda ya ɗauka a shekarun 1930 da 1940. Ido yana ganin angwaye da sojoji da manoma da dabbobinsu, kowa ya ci ado. Kunne kuma yana jin ana karanta littafin da wani likita Bayahude ya riƙa rubuta abin da ake yi wa mutanensa a waɗannan shekarun. Hoto da murya suka ƙi jituwa, kuma a wannan saɓanin mai kallo ke gane abin da gari ya ƙi gani. Wata mai fasaha, Irina Botea, a 2006 ta sa ɗalibai a birnin Chikago na Amurka su kwaikwayi abin da talabijin ta nuna na juyin 1989, suna ta tuntuɓe da kalmomin harshen da ba su ji. Da muka ji wannan sai muka tuna 'ya'yanmu da aka haifa a Maraba da Legas. In ana labarin Doma ta da a gabansu, haka suke kallonmu, kamar ana wani yare.

Yanzu mu dawo kan abubuwan da aka faɗa a taro, ɗaya bayan ɗaya.

Maganar tone-tone gaskiya ce, ba mu raina ta ba. Doma ƙasar Alago ce, masarautar Andoma tana cikin daɗaɗɗun masarautun wannan yanki, da bikin Odu da tarihinta da masu riƙe da shi. Mu Hausawa fatauci da malanta da sana'a suka kawo kakanninmu, aka karɓe su, aka yi auratayya, har da yawanmu ba sa iya cewa ga inda jinin wannan ya tsaya na wancan ya fara. Muna zaune da Tibi da Fulani da Agatu da Eggon da sauransu, kuma kowa ya san rikicin gona da kiwo ya ci rayuka a ƙaramar hukumar nan. A irin wannan wuri, minti biyu na maganar tsoho da aka yanko aka watsa a WhatsApp na iya tayar da ƙurar da za a daɗe ba ta kwanta ba. Saboda haka muke ba da shawarar kada a fara sai an kai gaisuwa fada an nemi izini da albarka, an kuma sanar da masu unguwanni. Ba za mu shiga maganar iyakar gona ko gadon sarauta ko wa ya riga wa zuwa ba, wannan yana da masu shi. Kowane lamari za a ji shi daga baki fiye da ɗaya, har da bakin maƙwabtanmu da ba Hausawa ba in sun yarda. Wanda aka ɗauka yana da ikon cewa wannan ɓangaren a ajiye shi sai bayan raina, ko 'ya'yana kaɗai za su ji. Kuma babu cin naman mamaci, addininmu ya riga ya yi mana wannan iyaka.

Sai dai mu sani, shirunmu ba ya hana labari yawo. A Janairun 2023 harin sama ya faɗa wa makiyaya a yankin Rukubi, mutane kusan 40 suka rasu. Wayoyi sun cika da hotuna a makon. Yau ina suke? Wasu sun tafi da wayoyin da suka lalace. Waɗanda suka rage ba suna, ba rana, ba wanda zai ce ni na ɗauka, kuma irinsu ne ake tonowa bayan shekaru a liƙa musu sunan wani gari da wata ƙabila don a hura wuta. A Romaniya sai a 1999 aka yi dokar da ta ba mutum damar karanta fayil ɗin da 'yan sandan ciki suka tara a kansa. Da yawa sun tarar da abokai da maƙwabta cikin masu kai rahotonsu, abin ya yi ciwo. Amma kafin dokar, zargi ne ke yawo a kan kowa, mai laifi da marar laifi. Labarin da aka ɗauka da natsuwa, da sunan mai shi da ranar da ya faɗa, shi ne abin da jikokinmu za su riƙe ranar da wani ya zo musu da ƙarya a kan kakanninsu.

Maganar kuɗi kuma, muna tare da masu cewa kada a taɓa asusun marayu da na jinya. Ko sisi. Aikin ba ya bukatar kyamarar Kannywood. Wayoyin da ke aljihunmu sun fi abin da Rouch ya yi aiki da shi nesa ba kusa ba. Abin saye shi ne ƙaramin makirufo na maƙalawa a wuyan riga, ƙafar ɗora waya, da ma'ajiyar bayanai guda biyu, kuma gudummawar ganin dama za ta iya ɗaukar wannan. Amma tunda an ambaci marayu, bari mu faɗi abin da ya sa shawarar ta shiga ranmu. Wani yaro da ƙungiya ta taimaka wa da kuɗin makaranta, mahaifinsa ya rasu yana goye, ya zo ya tambaye mu ko akwai mai muryar babansa. Aka yi ta cigiya. Daga ƙarshe aka samo wani tsohon kaset na biki, rabinsa ya yi fumfuna. Can cikin hayaniya marigayin ya gifta, ya ɗaga hannu yana cewa yara su matsa su ba mata hanya. Bai fi daƙiƙa biyar ba. Yaron ya sa an maimaita masa wurin har mai na'urar ya gaji. Maraya yana bukatar shinkafa da kuɗin makaranta, wannan ba musu. Ranar muka gane yana kuma bukatar ya ji yadda ubansa ke magana.

Kaset ɗin nan ya kawo mu ga abin da ba ya jira. Zaren bidiyo yana lalacewa da zafi da laima, ga daminarmu ta Binuwai mai tsawo. Kamfanin ƙarshe da ke ƙera na'urar kallon irin wannan kaset, Funai na Japan, ya daina a 2016. Duk na'urar da ta mutu yanzu sai dai a nemi tsohuwa a ciro mata kaya. Faifan sidi ma yana ɓarewa. Duk kaset ɗin suna ko walimar saukar karatu ko dawowar alhazai da ke ƙarƙashin gadon iyayenmu, kwanansa ƙidayayye ne. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Saura tambayar Baba, wa zai kalla? Amsarmu ita ce labarin Shaihu Umar. Adamu Halilu ya mayar da littafin Sa Abubakar Tafawa Ɓalewa fim a 1976, da Hausa, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shaihun. Daga baya fim ɗin ya ɓace, har aka fitar da rai. Sai a 2016 aka gano gwangwanayensa a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Najeriya da ke Jos. Wata cibiya a Jamus mai suna Arsenal ta gyara shi, aka nuna shi a babban bikin fina-finai na Berlin a 2018, shekara 42 bayan yin sa. Yawancin waɗanda suka zauna kallonsa ba a haife su ba lokacin da aka ɗauka. Mai hoton garin Sulobziya ma bai san za a yi fim da hotunansa shekaru da yawa bayan rasuwarsa ba. Baba, mai kallon yana goye yanzu, wani ma ba a haife shi ba. Namu shi ne ya tarar da abin in ya zo nema. Muna kuma da niyyar, in an amince, mu tuntuɓi masana tarihi a Jami'ar Tarayya ta Lafiya da Jami'ar Jihar Nasarawa ta Keffi da Gidan Arewa na Kaduna, ko za su karɓi kwafi su adana.

Ga yadda muke ganin za a yi aikin. Kowane ɗauka zai fara da sunan mai magana, shekarunsa in ya sani, wuri, kwanan wata, da sunan mai tambaya. Wannan ba baƙon abu ba ne a wurinmu, malaman hadisi ba sa karɓar magana sai sun san wa ya ji daga wa. In dattijo ya ce kaza ya faru, a tambaye shi cikin ladabi, Baba, da idonka ka gani ko ji ka yi, a wurin wa? Murya ta fi hoto muhimmanci, don haka a zaɓi lokacin da injin niƙa da janareta suka yi shiru, a rufe layin waya kada kira ya katse. A kwantar da wayar a kaikaice, haske ya kasance a fuskar mai magana. Mata su ɗauki mata, kuma wadda ba ta son a ga fuskarta a ɗauki muryarta kawai, ko hannunta yana aiki. Kowa ya yi magana da harshen da ya fi sakewa da shi, Hausa ko Alago ko Fulatanci, fassara ta biyo baya. Kada a tura asalin ɗaukar ta WhatsApp, yana rage mata inganci. A ajiye kwafi uku a gida uku, ɗaya a hannun iyalan mai maganar.

Tambaya kuma a yi ta ƙarama. In ka ce wa tsoho ba mu tarihin Doma, zai ba ka abin da ya ji a rediyo. Tambaye shi nawa ya sayi kekensa na farko, a wurin wa, da kuɗin wace gona. Tambayi Inna me aka dafa ranar da aka kawo ta, kwana nawa ake yi a kawo gishiri daga Keana, wa ya karɓi haihuwarta ta fari. In ta yi shiru kada a cike mata shirun, kada kuma a yanke shi wajen tacewa. Sau da yawa abin da ke biyo bayan shirun shi ne abin da aka zo nema. In mutum biyu sun saɓa a kan abu ɗaya, a bar maganganun biyu gefe da gefe, ba aikinmu ba ne mu yi musu alƙalanci.

Waɗanda muke ganin a fara da su su ne mafiya tsufa da masu fama da jiki: ungozomomi, tsofaffin direbobin tasha da suka san hanyar Lafiya kafin kwalta, mahauta da maƙera da maɗinka, malaman allo, tsofaffin sojoji, malaman makarantar da aka ɗauka lokacin ilimin firamare kyauta na 1976, waɗanda suka yi leburanci a aikin dam ɗin Doma, fataken doya da riɗi, da manoman da suka san Rukubi kafin babbar gonar shinkafa ta zo. Ba sai mai sarauta ko mai kuɗi ba. Wanda bai taɓa tsayawa gaban lasifika ba shi muka fi nema.

Roƙonmu gare ku guda uku ne. Wanda yake da dattijo a gida da yake ganin ya kamata a fara da shi, ya nemi izininsa tukuna, sannan ya sanar da mu ta akwatin saƙo, kada a rubuta sunan kowa a fili. Wanda yake da tsohon kaset ko hoto ko wasiƙa, ya ciro shi daga inda laima take, ya sa a inuwa mai iska, kada ya yi ƙoƙarin wanke shi ko kunna shi, za a kwafa a mayar masa da abinsa. Matasanmu masu iya tace bidiyo, maza da mata, ga inda za ku yi wa gida aiki. Wanda kuma yake ganin shawarar ba ta yi ba, ya faɗi dalilinsa, za mu karanta shi a gaban taro kamar yadda za mu karanta na masu goyon baya.

Allah Ya jiƙan magabatanmu, Ya ƙara wa iyayenmu da suka rage lafiya da nisan kwana, Ya zaunar da Doma da Jihar Nasarawa da Najeriya lafiya. Amin.

Sakataren ƙungiya